Neman shawara: malamina ya dawo mini da babi na uku

Assalamu alaikum, 'yan'uwa. Shekara biyu ke nan ina rubuta kundin digiri na biyu kan yadda fina-finai marasa murya suka mayar da mace alama, na kuma soma shi ina da goyo, sau biyu ana canza mini mai duba aiki. A fim ɗin Intolerance na D. W. Griffith na 1916, jaruma Lillian Gish tana girgiza gadon jariri, kuma da hotonta ake tsallakawa tsakanin labarai huɗu: Babila, zamanin Annabi Isa, kisan gillar Faransa na 1572 da Amurka ta lokacin. Na rubuta cewa ita ce tunawar ɗan Adam, malamina ya ce gada ce kawai da ke haɗa labaran. Yaya zan yi?

Wani tsohon malami: 'Yata, tun daga zaɓi kika kauce. Matar da ba ta da suna, ba ta kuma tashi daga mazauninta, abin da namiji ya so gani ne. Ki koma kan darakta Lois Weber, wadda a fim ɗinta Hypocrites na 1915 ta fito da Gaskiya a siffar mace tsirara mai riƙe da madubi, har jihar Ohio ta Amurka ta haramta shi.

Wata ɗaliba: Ki gode wa Allah da malaminki yake karantawa. Nawa wata biyar babina yana kan teburinsa, kullum sai ya ce in dawo jibi.

Wani memba: Yaya, kada ki sauya komai. Ki ƙara hujja da mata ukun nan da ke zaune bayan Gish, waɗanda ke wakiltar ƙaddara.

Mai tambaya: Na gode, Baba, amma ba zan kai fim mai tsiraici gaban kwamiti ba, kuma rashin sunan nan shi ne ainihin hujjata.

Tsohon malamin: To rashin suna ba tunawa ba ne, mantuwa ce. Gobarar rumbun ajiyar fina-finan kamfanin Fox ta 1937 ta cinye yawancin fina-finan Theda Bara, jarumar fina-finai marasa murya. Idan tunawa kike nema, can za ki tono.

Mai tambaya: Saura mako uku in miƙa aikin, Baba. Akwai wanda ya taɓa musu da malaminsa ya tsira?