Direba Ne Ya Buge, To Wa Zai Biya?

Kawu Sule: Salamu alaikum. Kun ji abin da ya faru ranar Alhamis tsakanin Maigatari da Gumel. Motar haya ta kwaso 'yan kasuwa, ta daki amalanke, sa ɗaya ya mutu nan take, yaron da ke kora shanun ya karye a cinya. Mai motar ya ce ba ruwansa, yana gida abin ya faru. Ni dai na ga gaskiyarsa. Wanda ya riƙe sitiyari shi ya yi ɓarna.

Ɗan'azumi Direba: Kawu, a gafarce ni. Shekara 14 ina jan motar mutane. Kullum magariba sai ka kai balas, an samu fasinja ko ba a samu ba. Wato ranar samu mota ta Alhaji ce, ranar tsautsayi kuma ta zama ta direba?

Malam Habu: A fiƙihu Kawu bai yi nisa da hanya ba. Risala ta ce mai kora dabba da mai janta da mahayinta su ke da lamunin abin da ta taka, kuma da wannan malamai suka yi wa mota ƙiyasi. Da rai ya salwanta, Allah Ya kiyaye, kisan kuskure ne kamar yadda ya zo a Suratun Nisa'i aya ta 92. Azumin wata biyu a jere yana kan direba, ba mai yi masa. Diyya kuwa, raƙumi 100 ko dinari 1,000, danginsa ne ke haɗawa. Sai dai in mai mota ya san tana da lahani ya ce a fita da ita, to ya sa hannu a ɓarnar.

Ɗan'azumi Direba: Allah Ya gafarta Malam, ai nan gizo ke saƙa. Da idona na ga tayar gaban motar nan a tasha, ta suɗe kamar tafin hannu, har waya ta leƙo. Sati biyu direban yana kuka a canja, ana ce masa ya lallaɓa zuwa bayan kasuwa. Ita ce ta fashe.

Kawu Sule: To me ya hana shi ajiye mukulli?

Ɗan'azumi Direba: Ya ajiye ya ci me? Kafin la'asar an miƙa wa wani.

Aminu: Kawu, in aka je babbar kotu ma maganar balas ba lallai ta fid da Alhaji ba. Ƙa'idar ita ce ubangida na ɗaukar ɓarnar da yaronsa ya yi a bakin aiki, sai dai a yi ta ja a kan ko direban ma'aikacinsa ne ko haya ya ɗauka. Ni tambayata inshora. Tun 1945 aka yi dokar da ta wajabta wa mai mota yin inshorar da za ta biya wanda aka yi wa ɓarna. A Janairun 2023 hukumar kula da inshora ta ƙasa, NAICOM, ta ɗaga kuɗin ta motar gida daga naira 5,000 zuwa 15,000, abin da ake biya na dukiya kuma ya kai miliyan 3. In takardarsa ta gaske ce, kamfani zai ɗauki nauyi. In kuwa irin wadda ake bugawa a gindin bishiya ce don a nuna a shingen hanya, aljihunsa ne zai yi magana.

Inna Larai: Kuna ta kotu da littafi, yaro na kwance gidan mai ɗori. San da ya mutu na huɗa ne, ga damina ta kawo kai, ɗayan shi kaɗai ba ya jan garma. Jiya an aiko wa uban da goro da 'yan kuɗin da ko akuya ba za su saya ba, wai ƙaddara ce, a yafe. Ya buɗe baki zai yi magana, dattawa suka ce kada ya kunyata gari.

Malam Habu: Inna, yafiya haƙƙin mai haƙƙi ce, ayar ma cewa ta yi sai in su suka yi sadaka. Wadda aka karɓa da kunya ba ta sauke nauyi.

Kawu Sule: Maganar taya ban da labarinta. Amma har yanzu ban yarda direba ya fita fes ba, an ce gudu yake kamar zai tashi sama.

Aminu: Ba wanda ya wanke shi, Kawu. Gobe bayan la'asar za a zauna ƙofar gidan Dagaci. A ce wa Alhaji ya taho da takardar inshora, Ɗan'azumi kai kuma ka sa a ɗauko tayar kafin ta ɓace.