Baturiyar nan ta masana'antar ashana, da wane fim ɗinta zan fara?

Autar Zaure: Assalamu alaikum mutanen zaure, ina wuninku. Dan Allah yayyena masu leƙa finafinan ƙasashen da ba kowa ke kallo ba ku taimaka min. Jiya na ci karo da wani guntun bidiyo, wata baturiya siririya tana tsaye gaban inji a masana'antar ashana kwalaye na wucewa tana dubawa, har ya ƙare ba ta ce uffan ba amma wlh fuskarta ta tsaya min a rai, kamar wadda aka yi wa laifi shekara goma ta haɗiye. An rubuta Kati Outinen a ƙasa. Wace ce ita kuma da wanne zan fara? Data ta ba yawa kar ku jibgo min guda goma

Mai Shayi: Wa'alaikumussalam Auta. Ke yanzu duk Indiya da Turkiyya da Koriya ba su ishe ki ba sai kin tafi ƙasar da rana ma ke jin nauyin fitowa hhhh

Malamin Dare: Rabu da shi ƙanwata, kin yi tambaya a gidanta. 'Yar Finland ce, a Helsinki aka haife ta 1961, ta fara fitowa a fim a 1980 ba ta ma cika ashirin ba, daga nan ta yi karatun wasan kwaikwayo a makarantar koyon wasa ta Helsinki, ta kuma yi wajen shekara goma tana wasan daɓe a gidan wasa na KOM. Amma abin da ya sa duniya ta san ta shi ne aikinta da darakta Aki Kaurismäki, tun 1986 suke tare, a finafinansa da yawa na wancan zamanin za ki gan ta. Wanda kika ga guntunsa The Match Factory Girl ne na 1990, kuma tunda kin ce data, shi ne daidai ke don ko minti saba'in bai cika ba. Ni da shi zan ce ki fara.

Hajiya Uwargida: A'a Malam, a'a. Yarinya ta zo da zumuɗinta za ka fara mata da wanda zai hana ta barci? Auta ki ji ni, wannan fim ɗin ki ajiye shi na uku ko na huɗu. Ki fara da Drifting Clouds na 1996. Ita ce shugabar masu kai abinci a wani tsohon gidan abinci mai suna Dubrovnik, mijinta kuma direban tiram ne, jirgin nan na cikin gari mai bin layin dogo a kan titi, sai aka sallame shi, kuma yadda aka zaɓi waɗanda za a sallama ma abin haushi ne, katin karta aka baje kowa ya zara. Ba a jima ba ita ma aka sayar da gidan abincin. Ga sabuwar talabijin mai kala da ya ɗauko bashi ana biya kaɗan kaɗan, suna ji suna gani aka zo aka kwashe ta. Shi kuma gogan girman kai ya hana shi zuwa karɓar kuɗin tallafin marasa aiki. Duk matar da ta taɓa zama da miji lokacin da aiki ya tsaya ta san wannan zaman, ba faɗa ba gori, ka dawo hannu rabbana a zuba maka abinci ba a tambaye ka ya aka yi ba. Wannan kawaicin shi Kati ta iya, ni da na kalla sai da na tuna wata shekara a gidana da ba zan ba da labarinta a nan ba.

Malamin Dare: Hajiya ban ƙi taki ba, ranki ya daɗe. Kuma labarin ba ƙirƙira ba ce zalla, farkon shekarun 1990 Finland ta shiga matsin tattalin arziki sosai, Tarayyar Sobiyat da suke ciniki da ita ta ruguje a 1991, bankuna suka shiga uku, rashin aiki ya haura kashi 16 cikin ɗari a 1994. Wato masu kallon fim ɗin a can kansu suke gani.

Mai Shayi: Au dama turawa ma ana kwashe musu talabijin? To Alhamdulillah

Yaya Tela: Drifting Clouds ɗin nan akwai wuri ɗaya da nake mayarwa baya kullum. Kukun gidan ya yi tatul ya ɗauki wuƙa a kicin, ƙaton mai gadin ƙofa ya shiga ya fito da rauni a hannu, sai ita ta wuce ciki, kyamara ba ta ma bi ta ba, ka ji ƙara kawai, ta fito riƙe da wuƙar fuskarta kamar wadda ta je ɗauko cokali ta ce kowa ya koma bakin aiki. Ni a nan na sallama mata. Kuma Auta idan kin ga hoton wani ƙaramin yaro a kan kantar ɗakinsu tana tsayawa gabansa, a labarin ɗansu ne da ya rasu, ba wanda ya faɗa da baki, amma a zahiri hoton yarintar Matti Pellonpää ne, abokin wasanta da ya rasu a 1995 yana da shekara 44 kafin a ɗauki fim ɗin. Da kin san wannan tsayuwar tata gaban hoton ta zama wani abu daban.

Autar Zaure: Wayyo Allah. Yaya shi Mattin a wanne suka fito tare?

Yaya Tela: Shadows in Paradise, 1986, shi ne na farkonta da Kaurismäki. Shi mai kwasar shara ne a mota ita kuma mai karɓar kuɗi a kanti. Soyayya ce amma kar ki sa ran waƙa a gindin bishiya, fitarsu ta farko wajen wasan bingo ya kai ta, ko ni da ba gwanin zance ba na san wannan ba wurin kai budurwa ba ne. Suna zaune kowa na kallon gabansa, ka rasa wa ke jin kunyar wa

Mai Shayi: Ni fa na gwada ɗaya daga cikinsu da wani kwastoma ya tura min, minti goma ba wanda ya yi magana, na ɗauka sifikar wayata ce ta mutu har na bubbuga ta a tebur. Gaskiya ba irin namu ba ne, mu mun saba in an ɓata wa jaruma rai ta yi kuka a ji ta a maƙwabta a sa mata kiɗan tausayi

Malamin Dare: Mai Shayi ai na ashanar ka kalla ke nan, kuma sifikarka lafiyarta ƙalau. Farkonsa gungumen itace kake gani inji na fere shi yana yayyanka shi har ya zama tsinken ashana, sai daga baya a nuno ta a ƙarshen layi, wato ita ma wani ɓangaren injin ce. Ta koma gida ta dafa wa uwarta da mijin uwarta abinci, albashinta su take miƙa wa, suna ci talabijin na nuna labarin zanga-zangar dandalin Tiananmen na China ta 1989 ba mai kallon wani. Ta je gidan rawa ta zauna a benci, ana ta zuwa ana ɗaukar matan gefenta, ita kwalaben lemon da ta sha ne kawai ke taruwa a ƙasan ƙafarta. Ranar da ta cire kuɗi daga albashinta ta sayi riga ɗaya mai kyau, mari ta sha. To duk wannan Kati ba ta murtuke fuska ba ta kwaɓe baki, idonta ne kawai da yadda take riƙe kafaɗa, kai mai kallo kai za ka yi kukan a madadinta. Shi ya sa lokacin da tura ta kai bango ta shiga kemis ta ce a ba ta maganin ɓera

Hajiya Uwargida: Malam tsaya nan! Ka gama ba ta labarin sai ta kalli me?

Malamin Dare: Na tuba Hajiya, na ja bakina. Abu ɗaya zan ƙara, shiru-shirun nan ba rashin iya wasa ba ne, ai ta koyar da wasan kwaikwayo a matsayin farfesa a makarantar da ta yi karatu daga 2002 zuwa 2013. Mai koya wa wasu yadda ake motsa fuska ita ce ta fi kowa sanin yadda ake hana ta motsi.

Ɗan Damagaram: Salamu alaikum, ina gaida manya. Ni nawa shawara Le Havre na 2011, da Faransanci aka yi shi to mu nan ba mu buƙatar rubutun ƙasa. Wani tsoho ne mai goge takalmi a garin Le Havre na bakin teku a Faransa, ya ɓoye wani yaro Idrissa ɗan Gabon da aka samu cikin kwantena da wasu mutane, 'yan sanda na nemansa shi kuma yana son ya ƙetara Landan wajen uwarsa. Kati ce matar tsohon, sunanta Arletty, Faransancinta kana ji ka san ba 'yar ƙasa ba ce kuma a labarin ma baƙuwa ce to ya dace. Ba ta da fitowa da yawa, asibiti take kwance, amma wurin da take roƙon likita kar ya gaya wa mijinta girman ciwon saboda a wajenta babban yaro ne ba zai iya ɗauka ba, kai, wannan wurin. Mu da muke ganin motoci na wucewa Agadez cike da samari, fim ɗin ya taɓa ni ta wani gefen kuma.

Maman Biyu: Ni tambayata ɗaya kafin ku yi nisa, ana iya kalla da yara a falo?

Hajiya Uwargida: Maman Biyu tsiraici dai ba ruwansu da shi sosai a waɗanda na gani, sun fi na Amurka kamun kai nesa ba kusa ba, amma sigari kamar hayaƙin murhu, kowa da kara a baki, ga kwalba ba ta barin tebur. Le Havre da The Man Without a Past za ki iya da manyan yara kina yi musu bayani, duk da shi na biyun farkonsa akwai duka mai muni. Na ashanar kam ki bari su yi barci.

Malamin Dare: Yauwa Hajiya ta ambaci babban. The Man Without a Past na 2002 shi ya ba ta kyautar gwarzuwar jaruma a bikin finafinai na Cannes a Faransa tana da shekara 40, fim ɗin kansa ya samu Grand Prix a wannan shekarar ya kuma shiga takarar Oscar ta finafinan harsunan waje, darektan ya ƙi zuwa bikin Oscar ɗin saboda yaƙin Iraƙi. Mutum ne ya sauka daga jirgin ƙasa a Helsinki 'yan daba suka yi masa lilis ya farka bai san ko sunansa ba, talakawan da ke kwana cikin kwantenoni a bakin tashar jiragen ruwa suka ɗauke shi. Ita ce Irma, ma'aikaciyar Salvation Army, ƙungiyar agaji ta Kiristoci, tana raba miya cikin yunifom fuska a ɗaure, amma da dare ta koma ɗan ɗakinta ta kwanta ta kunna kiɗan rok a rediyo ita kaɗai. Har karen fim ɗin sai da ya samu kyauta a Cannes.

Mai Shayi: Kare ya samu kyauta ni shekara sha biyu ina haɗa shayi ko satifiket

Yaya Tela: Hhhh Allah ya kawo naka. Auta in kin gama da waɗannan kina son na dogon zango irin na talabijin, ba ita ba ce a ciki amma 'yar ƙasarsu ce, Pihla Viitala a Deadwind, 'yar sanda mai binciken kisa a Helsinki da mijinta ya rasu ya bar ta da yara, 2018 aka fara. Wannan kam ana magana ana gudu, Mai Shayi ma zai iya. Sai kuma Fallen Leaves na 2023, na Kaurismäki ne amma Alma Pöysti ce jarumar, ita ma a kanti take aiki aka kore ta kan abincin da ya riga ya gama wa'adi za a zubar. Ta yi ƙoƙari sosai har ta shiga takarar Golden Globe, sai dai ni duk tsawon fim ɗin Kati nake hangowa a wurin, ita Alma fuskarta ta fi saurin yin laushi.

Malamin Dare: Akwai ma Juha na 1999, baƙi da fari kuma ba magana kwata-kwata sai kiɗa da rubutu a allo, amma wannan sai wanda ya riga ya kamu. Ta kuma fito a wani na ban tsoro na ƙasar Ireland, The Hole in the Ground, 2019, tsohuwar maƙwabciya ce mai taɓin hankali, da Turanci.

Hajiya Uwargida: Yarinya ta ce kar a jibga mata goma, ku ƙirga ku gani nawa kuka kawo

Autar Zaure: Hhhh tara na ƙirga Hajiya, saura ɗaya su cika. Na gode ƙwarai Allah ya bar zumunci. Na yanke, Drifting Clouds yau da dare in an kawo wuta, na ashanar kuma ranar Asabar da rana tsaka don kar na yi mafarki. Malam dan Allah sunan nata Autinen ake faɗa ko Utinen, kar na je ina ba ƙawayena labari ina kwafsawa

Malamin Dare: O-u-ti-nen, ki fara da "o" ki zarce da "u", ki danna farkon sunan. Harshensu kamar namu ne ta nan, yadda aka rubuta haka ake karantawa.

Mai Shayi: In wutar ba ta zo ba ki zo teburina akwai caji, naira ɗari