Mai maimaita ƙara maras tushe ba tare da biyan kuɗin kotu ba: ina iyakarsa?

Ɗan Agege: Assalamu alaikum. Ina neman ƙarin haske daga masana shari'a. Wani dattijo a unguwarmu yana ta maka maƙwabcinsa a kotu kan iyakar fili, ana korar ƙarar yana sake shigar da ita da wata sabuwar fuska, kuma kowane karo yana roƙon a yafe masa kuɗin shigar da ƙara saboda rashin hali. Shin doka ta tanadi hanyar taka masa birki?

Barista na Ikeja: Wa alaikumus salam, Malam. Yafe kuɗin kotu sassauci ne da ke hannun alƙali. A ƙa'idojin Babbar Kotun Jihar Legas, sai mai nema ya kawo takardar rantsuwa cewa ba shi da halin ɗaukar lauya, sannan alƙali ya gamsu cewa ƙarar tana da dalili mai kamawa, kuma sharaɗi na biyun ne ke kayar da irin wannan dattijo. Lauyan maƙwabcin zai iya gabatar da kwafin hukuncin farko mai hatimin kotu, ya nemi a yi watsi da sabuwar ƙarar a matsayin wasa da tsarin shari'a, a kuma ɗora wa mai ƙara kuɗin ɓata lokaci. Matsalar ita ce tara ba ta tsorata wanda ba shi da abin da za a karɓa a hannunsa.

Hajiya Mile 12: Barista, Allah ya ƙara basira, amma ina jin tsoron kada garin gyaran gira a rasa ido. Talaka mai gaskiya wanda bai iya tsara takarda ba, ba za a haɗa shi da mai neman fitina ba?

Barista na Ikeja: Hajiya, wannan fargabar ce ta raba kan alƙalan Kotun Ƙolin Amurka. A 1991 kotun ta ƙara ƙa'idar da ta ba ta damar hana yafiya idan ƙara ba ta da tushe, sannan a shari'ar wani mai yawan shigar da ƙara mai suna Martin ta 1992 ta umarci magatakarda da ya daina karɓar takardun mutumin a ƙararrakin da ba na laifi ba sai ya biya kuɗi. Mai shari'a Stevens, ɗaya daga cikin alƙalan kotun, bai yarda ba, yana ganin korar irin waɗannan takardu ya fi sauƙi a kan sa wa mutum takunkumi. Dokar ƙararrakin fursunoni ta Amurka ta 1996 kuwa ta ce fursunan da aka kori ƙararsa sau uku saboda rashin tushe ya rasa yafiya, sai in rayuwarsa ko lafiyar jikinsa na cikin haɗari na kusa. A Ingila ana sa mai naci ya nemi izinin alƙali kafin ya shigar da sabuwar ƙara, kuma a ganina wannan ya fi adalci, domin ƙarar ake aunawa, ba aljihu ba. Talakan da kike magana a kai, a Legas, ya fara zuwa Ofishin Lauyan Al'umma na jiha, inda lauya zai duba takardunsa kyauta kafin su isa gaban alƙali.