Wasan ƙarshe na kofin duniya na kurket a 2019: a ina kuka kalle shi, kuma wa kuke ganin ya ci?

Mazaunin Landan

Assalamu alaikum 'yan'uwa. A cikinmu akwai waɗanda karatu ko neman abinci ya kai su ƙasashen da ake son kurket, har suka saba da shi duk da cewa ba wasan da muka tashi da shi ba ne. Ina roƙon duk wanda ya kalli wasan ƙarshe na gasar cin kofin duniya da Ingila da New Zealand suka buga a filin Lord's ranar Lahadi 14 ga Yuli 2019 ya faɗa mana inda yake a ranar da kuma abin da ya gani.

Ga waɗanda ba su san tsarin ba, kowace ƙungiya tana da zango 50 na bugu, kowane zango kuma jifa shida ne. New Zealand ta fara, ta tara maki 241, Ingila ta biyo baya ita ma ta tsaya a 241 cif. Aka ƙara wa kowa zango ɗaya na raba gardama, nan ma aka tashi 15 da 15. Daga nan aka ba Ingila kofin saboda ta fi yawan bugun da ya kai iyakar fili, 26 a kan 17.

Ni a dandalin Trafalgar na kalla, inda aka kafa babban allo. Lokacin da aka fitar da masu bugun Ingila huɗu tana da maki 86 kacal, na ga iyalai suna tattara kayansu, amma da Ben Stokes da Jos Buttler suka dafe har suka haɗa maki 110 tsakaninsu, sai wurin ya sake cika maƙil. Abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne, kafin jifan ƙarshe na zangon raba gardama, yawancin waɗanda ke kusa da ni ba su san me zai faru ba idan aka sake yin kunnen doki, sai da mai sharhi ya bayyana.

Direban tasi a Bradford

Wa alaikumus salam. Ni a falon maƙwabcina ɗan asalin Pakistan na kalla, domin tashar Channel 4 ta nuna wasan kyauta, abin da ba a saba gani ba tun 2005. Gidan ya rabu biyu tun kafin a fara. Dattawa suna jin haushin New Zealand, saboda ita da Pakistan sun gama zagayen farko da maki 11 kowace, amma lissafin saurin tara maki ya ba New Zealand gurbin wasan kusa da na ƙarshe, Pakistan ta koma gida. Duk da haka ba su iya goyon bayan Ingila da zuciya ɗaya ba. Samarin kuwa, waɗanda a nan aka haife su, Ingila suke yi ba ɓoyo, kuma dalilinsu Adil Rashid ne, ɗan wasan Ingila wanda ɗan garin nan ne.

Da aka zo zango na 50 Ingila tana neman maki 15, Trent Boult na New Zealand ya yi jifa biyu ba a samu ko ɗaya ba, wani dattijo ya miƙe ya ce shi zai tafi ya yi alwala tunda an gama. Bai kai ƙofa ba Stokes ya ɗaga ƙwallo ta wuce igiyar iyakar fili, maki shida, sai ya dawo ya zauna bai ce da kowa komai ba.

Abin da aka fi tattaunawa a gidan bayan wasa ba kofin ba ne. An ga Adil Rashid da Moeen Ali, Musulmin da ke cikin 'yan wasan Ingila, sun janye gefe da sauri lokacin da 'yan wasa suka fara fesa giya a wurin ɗaga kofi, daga baya kuma kyaftin Eoin Morgan ya shaida wa manema labarai cewa Rashid ya gaya masa Allah yana tare da su. Dattawan da suka wuni suna gunaguni su ne suka fi kowa maimaita wannan magana a masallaci washegari.

Ma'aikaciyar jinya a New Zealand

Sannunku da ƙoƙari. Ku da rana kuka kalla, mu kuwa kwana muka yi a zaune, domin a nan an fara wasan da daren Lahadi, ba a gama ba sai bayan ƙarfe shida na safiyar Litinin, ga shi lokacin sanyi ne a wurinmu. Ina aikin dare a ranar, kuma akwai talabijin a ɗakin hutun ma'aikata, duk wadda ta samu sarari sai ta leƙa ta dawo ta ba sauran labari. Wani tsoho da ke kwance ya ƙi barci, yana riƙe da rediyo a kunne har gari ya waye.

Ya kamata a tuna cewa wata huɗu kacal ke nan da harin da aka kai masallatai biyu na Christchurch ranar 15 ga Maris, inda aka kashe mutum 51, kuma mu Musulmin ƙasar mun ga yadda jama'a suka tsaya tare da mu a lokacin. Saboda haka ni ban kalli wasan a matsayin baƙuwa ba, ina son su ci ƙwarai. Ga wani abin takaici kuma, Stokes ɗin da ya hana su kofin a Christchurch aka haife shi.

Da aka fitar da Martin Guptill na New Zealand a jifan ƙarshe na zangon raba gardama, Jason Roy na Ingila ya cillo ƙwallo Buttler ya tarwatsa sandunan da mai bugu ke karewa kafin Guptill ya kai layi, babu wanda ya yi ihu ko zagi a ɗakin. Wata abokiyar aikina ta tambaya sau biyu, shin an ci mu ne? Aka ce mata ba a ci mu ba, amma kofin na Ingila ne. Har yau matsayina ke nan. New Zealand ta sha kashi a hannun Ostireliya a wasan ƙarshe na 2015, wannan kowa ya yarda, amma a 2019 babu wanda ya fi ta maki.

Tsohon ɗalibi a Indiya

'Yar'uwa, ina tare da ke, kuma zan ƙara da abin da na fi ganin ya cutar da su. Na kalli wasan a ɗakin taro na masaukin ɗalibai, mutane ba su da yawa saboda New Zealand ce ta fitar da Indiya a Manchester da tazarar maki 18, amma waɗanda suka zauna masana dokar wasan ne na gaske, kuma a wurinsu na fahimci abin da ya faru a jifa na huɗu na zangon Ingila na 50.

Stokes ya buga ƙwallo, shi da Rashid suka yi gudu na farko (kowane gudu tsakanin layuka biyu maki ɗaya ne) suka juyo na biyu. Guptill ya cillo ƙwallon, Stokes ya yi tsalle ya miƙa katakonsa don ya kai layi, sai ƙwallon ta bugi katakon ta gangara har iyakar fili. Alƙalin wasa Kumar Dharmasena ya ba da maki shida, wato biyu na gudu da huɗu na iyaka. To amma doka ta ce gudun da ake cikinsa ba ya shiga lissafi sai idan masu bugun biyu sun riga sun gitta juna a daidai lokacin da aka saki jifan, su kuwa ba su gitta ba. Ke nan maki biyar ya kamata a ba da, kuma Rashid ne ya kamata ya fuskanci jifa na gaba, ba Stokes ba, Ingila tana neman huɗu daga jifa biyu. Tsohon alƙali Simon Taufel ya faɗi haka bayan wasan, Dharmasena ma daga baya ya amince cewa an yi kuskure.

Ban zargi Stokes ba, domin bai ga ƙwallon ba, kuma nan take ya ɗaga hannuwa yana ba da haƙuri. Abokaina Indiyawa kuwa abin da suka riƙe daban ne: Guptill ɗin nan ne ya fitar da Dhoni, tauraron Indiya, da jifa kai tsaye kwanaki kaɗan kafin nan, don haka wasunsu suka ce alhaki ne. Ni ban ga alhaki a ciki ba, na ga mutumin da ya yi aikinsa daidai sau biyu.

Malamin makaranta a Kaduna

Ni a gida na kalla ta tauraron ɗan'adam, ni kaɗai, yara suna ta tambaya yaushe za a gama a sauya tasha, domin a daren ne Najeriya za ta kara da Aljeriya a wasan kusa da na ƙarshe na kofin Afirka a Alƙahira. Kurket ɗin ya ƙare ana shirin fara ƙwallo. Na fita gidan kallo ina so in ba wani labarin abin da na gani, na yi ƙoƙarin kwatanta musu da cewa tamkar a tashi bugun fanareti kunnen doki ne sai a ba da kofi ga wanda ya fi yawan kwana, wani ya ce ai wannan ba wasa ba ne, rashin adalci ne. Bayan nan Riyad Mahrez ya zura mana bugun tazara a minti na ƙarshe, aka tashi 2 da 1, babu wanda ya sake sauraron zancen kurket.

Mazaunin Landan

Malam, Allah ya ba da haƙurin wannan dare. Amma bari in ɗan kāre Ingila, tunda na ga an taru a kanta. Dokar ƙirga bugun iyaka tana rubuce tun kafin a fara gasar, duka ƙungiyoyin sun san da ita, shi ya sa New Zealand ta san maki 16 take nema a zangon raba gardama, ba 15 ba. Ingila ta doke ta da tazarar maki 119 a zagayen farko na wannan gasar. Sa'a kuma ba gefe ɗaya ta bi ba tun farkon wasa, sai dai ta ƙarshe ce ake tunawa. Ƙasar da ta kai wasan ƙarshe a 1979 da 1987 da 1992 ba ta ci ba, wadda Bangladesh ta kora tun zagayen farko a 2015, ta shafe shekara huɗu tana gyara salon wasanta, kuma maki 84 da Stokes ya yi ba tare da an fitar da shi ba babu alƙalin da ya ba shi su kyauta, in ban da ɗayan nan da ake gardama a kai.

Ma'aikaciyar jinya a New Zealand

Ɗan'uwa, ɗayan nan ai shi ne duka zancen, tunda kunnen doki aka yi. Kuma da dokar tana da kyau, da hukumar kurket ta duniya ba ta soke ta a watan Oktoba na shekarar ba, ta ce daga yanzu a riƙa maimaita zangon raba gardama a wasannin kusa da na ƙarshe da na ƙarshe har sai an samu wanda ya fi maki. Ban ce a ƙwace kofin ba, Kane Williamson kansa, kyaftin ɗin New Zealand wanda aka zaɓa gwarzon gasar, bai nemi haka ba. Na dai so a ce an sake zango ɗaya a ranar.

A watan Nuwamba na 2019 ƙungiyoyin biyu sun sake haɗuwa a filin Eden Park na Auckland a gajeren wasa, ruwan sama ya sa aka rage shi zuwa zango 11, aka sake yin kunnen doki, aka sake shiga zangon raba gardama. Wannan karon Ingila ta fi maki ƙarara, kuma ban ji wanda ya yi ƙorafi a wurin aikinmu ba.