Kiɗan fim ɗin Ar-Risala: na Larabawa ne ko na Bature?

Auta: Salamu alaikum. Daren jiya na sake kallon Ar-Risala, fim ɗin tarihin farkon Musulunci, sai na lura ashe Bafaranshe ne ya yi kiɗan, Maurice Jarre. Ni fa a ganina babu Larabci a kiɗan nan. Abin da ya yi wa Lawrence of Arabia a 1962 ya ɗauko ya sauya masa riga a 1976.

Kawu: Wa alaikumus salam. Ɗana, ka yi gaggawa. Mutumin nan asalinsa makaɗi ne. A Liyon aka haife shi a 1924, ya je Faris ya koyi kaɗa ganguna, ya yi shekara da shekaru yana jagorantar kiɗa a gidan wasan kwaikwayon Jean Vilar. Koma ka saurari buɗewar Lawrence, ganguna ne ke fara magana kafin goge su shigo. Wanda ya san fatar ganga haka, kiɗan wasu mutane ba zai gagare shi saurare ba.

Yaya Babba: Kawu, a yi mini afuwa, Auta na da gaskiya ta wani gefen. A Lawrence har da wata na'urar lantarki ta Faransa ya sa, ondes Martenot, mai sauti kamar kukan iska. Saharar da Bature ya hango ce daga nesa. Inda na rabu da Auta shi ne cewa maimaici ne. Karin Ar-Risala ya karkata ga na Larabawa, kuma a natse yake, babu bugun ƙirjin nan na Lawrence.

Auta: To Yaya, me ya hana Mustafa Akkad, daraktan fim ɗin, ɗaukar Balarabe? Shi da kansa ɗan Siriya ne, a Maroko da Libiya aka ɗauki fim ɗin.

Kawu: Duniya yake son ta kalla, shi ya sa ya yi shi iri biyu, na Turanci da na Larabci. Lokacin Jarre na da Oscar biyu, na Lawrence da na Doctor Zhivago. Kuma Akkad bai yi da-na-sani ba, da zai yi fim ɗin Umar Mukhtar shi ya sake kira. Ni a kaset na fara ganin Ar-Risala, a zauren maƙwabcinmu cikin azumi, mun fi mutum ashirin a kan tabarma biyu. Da kiɗan ya taso, wani dattijo kusa da ni ya sa gefen rawaninsa yana share hawaye. Babu wanda ya tambayi ƙasar makaɗin.

Yaya Babba: Kuma Jarre ba mai tsayawa wuri ɗaya ba ne. Zhivago da molon Rashawa ya yi shi, balalaika. A Witness na 1985 ya ajiye taron makaɗa ya koma na'urori.

Auta: Na janye maganar maimaici, Kawu. Amma har gobe ina son jin yadda mai kaɗa udu, molon Larabawa, daga Alkahira zai yi wa hijira kiɗa.