Musayar waƙa: Alƙalamin Thea von Harbou

Malam Mai Tawada:
Salamu alaikum 'yan'uwa. Ga baitina kan Bajamushiyar da ta rubuta labarin fim ɗin Metropolis. Mai amsa ya amsa da waƙa.

Da sunan Allah nake buɗe waƙata,
Kan wata marubuciya da irin aikinta.
Thea von Harbou, ku riƙe sunanta,
A Bavariya, 1888, aka haife ta.
Dandalin wasan kwaikwayo ne mafarinta,
Kafin alƙalami ya zamo sana'arta.
Labarin wani kabari a Indiya ta rubuta,
Joe May ya mai da shi fim, ya ɗaga darajarta.
A nan darakta Fritz Lang ya zam abokin aikinta,
A 1922 kuma ya zamo mijinta.
Abin da ke ci mini rai game da ita,
A yi ta yabon darakta, a binne sunanta.

Hajiya Uwar Baiti:
Malam, baitinka ya zauna, ya cancanci yabawa,
Ga nawa zan ɗora, a yi mini saurarawa.
Zamanin fim bebe ne, babu muryar jiyowa,
Sai allon rubutu tsakanin hotuna, ana karantawa.
To wa ya zauna da takarda yana ƙullawa?
Finafinan Dakta Mabuse da Nibelungen, da hannunta a saƙawa.
Har daraktoci Murnau da Dreyer ta taya su tsarawa.
Metropolis kuwa littafinta ne tun kafin haskawa,
A 1927 Berlin ta taru don kallon fitowa:
Masu kuɗi can saman benaye suna shaƙatawa,
Leburori a ƙarƙashin ƙasa, inji yana cinyewa.
Duk sanda na kalli layin nan nasu suna sunkuyawa,
Wallahi sai in ji ƙirjina yana ƙuntatawa.

Ɗan Autan Zaure:
Baba Malam, Hajiya, ban zo in ɓata zance ba,
Amma rabin labari bai cika labari ba.
Hitila ya hau mulki a 1933, ba ku faɗa ba,
Lang ya bar Jamus, ita ba ta fita ba,
Auren ma a shekarar ya mutu, bai tashi ba.
Ta shiga jam'iyyar Nazi, ba ta ƙi ba,
A 1934 ta ba da umarnin fim biyu, ba a hana ta ba.
Joe May da ya fara ɗaga ta bai iya zama ba,
Peter Lorre, tauraron fim mai suna M, shi ma bai tsaya ba,
Yahudawa ne, Jamus ba ta bar musu wuri ba.
Ita tana cin kasuwarta, ba ta ajiye alƙalami ba.
Ko ƙarshen Metropolis bai kwanta mini ba,
Musafaha da maigida ba ta taɓa share hawayen lebura ba.

Malam Mai Tawada:
Ɗana, ka faɗi gaskiya, ba ni da jayayya,
Tabon nan nata ne, ba ya goguwa da ƙarya.
Ta so Ayi Tendulkar, matashi ɗan Indiya,
Wasu na kare ta da shi, ni na ƙi wannan hanya,
Son mutum guda ba ya biyan jinin al'umma gaba ɗaya.
A rubuta laifinta da sunanta, ta ɗauki kunya,
Aikin ma a rubuta da sunanta, kar a ba miji shi ɗaya.

Hajiya Uwar Baiti:
Ƙanena, na ji naka, kuma ya yi mini ratsawa,
Bari in kai ku ƙarshenta, akwai abin dubawa.
Yaƙi ya ƙare a 1945, Berlin tana rugujewa,
Sojan Birtaniya suka tsare ta, kafin sakewa.
Ta shiga cikin matan da ke kwasar ɓaraguzai, tana tarawa,
Hannun da ya saba da alƙalami, tubali yake ɗaukowa.
A 1954 aka gayyace ta, ana karramawa,
Fim ɗinta na 1921 ne za a yi nunawa,
Wanda mutuwa a cikinsa ta gaji da ɗaukewa.
Tana fita daga gidan kallon ta zame, sai faɗuwa,
Ran 1 ga Yuli, tana da shekara 65, ta yi rasuwa.