Kura da shan bugu, gardi da kwashe kuɗi: wane ne kurar a nan?

Ɗan Tsakuwa: Salamu alaikum jama'a. Na ji an jefa wannan karin maganar a kan Roberto Gómez Bolaños, ɗan wasan barkwancin Meziko da aka fi sani da Chespirito. Wai shi ne kurar. Ta zauna kuwa?

Uwar Biyu: Daram ma. Tun shekarun 1950 yake rubuta wa 'yan wasan barkwancin nan biyu, Viruta da Capulina, abin da za su faɗa, a rediyo da talabijin da fim. Su ake tafa wa, shi yana lungu da takarda. An haife shi a 1929, amma sai da ya haura arba'in duniya ta san fuskarsa, yana wasan maraya ɗan shekara takwas mai ɓuya cikin ganga a shirin El Chavo del Ocho.

Baba Mai Goro: Hajiya, a sassauta. Kurar gardi takunkumi ne a bakinta, ba ta zaɓi aikin ba, ko anini kuma ba ta gani. Wanda ake biyansa ladan rubutu, yana goge hannunsa a sana'a, ina ya zama kura? Yaran yanzu da an riga su suna sai su ce an zalunce su.

Ɗan Tsakuwa: Baba, to in babu kuɗi a ciki fa, suna kawai aka kwashe?

Baba Mai Goro: Sai ka nemo wata. Wannan dai kuɗi ta ambata.

Na Bakin Kasuwa: Ni kuwa a wajena shi ne ma gardin. Abokin wasansa Carlos Villagrán ya yi shekaru yana kumbura kumatu a matsayin Quico, wani yaro a shirin El Chavo, har ya bar shirin a 1978. Da ya so ci gaba da wasan, aka ce haƙƙin mallaka na marubucin shirin ne, wato Chespirito. Dole ya sauya rubutun sunan zuwa Kiko, ya tafi Benezuwela neman abinci.

Uwar Biyu: Haba Malam. Wa ya zauna ya ƙago Quico da uwarsa da dukan gidan hayar da ke cikin shirin? Gardi kama kura yake yi a dawa, ba shi ya halicce ta ba.

Na Bakin Kasuwa: Kumatun fa, Hajiya? Su ma a takarda aka rubuta su?